Norris Kearton Cikin Rigar Duke na Biyar

Gidanmu da gidan su Norris Kearton bango ɗaya ne ya raba su, a layin ƙarshe na ƙauyen Lowgate, daidai inda hanya ke fara hawa tudu. Ya ɗan girme ni, amma aji ɗaya muka yi a makaranta, don sai da aka sa shi ya maimaita shekara. Dogon yaro ne marar magana, mai manyan hannuwa. Abin da kowa ke fara gani a fuskarsa shi ne hancinsa: dogo, mai ƙusumbi a tsakiya, ya ɗan karkace hagu. Babu mai irinsa a duk ƙauyen. Amma akwai irinsa a babban gida, fadar masu sarautar Calderhope da ke mulkin kwarinmu, a hoton da ke rataye bisa matakala, a fuskar Duke na Biyar.

Mu mutanen Lowgate ba ma kiran masu sarautar Calderhope da sunayensu, da lamba muke kiransu. Na Farko soja ne, sarkin zamaninsa ya ba shi kwarin nan kaf saboda ya tsaya masa a yaƙi. Na Biyu ɗan caca ne. Na Uku ya gina babban gida ya mutu bai kwana a ciki ba, na Huɗu kuwa ba a tuna komai nasa sai dokin da ya kayar da shi. Waɗannan duk hira ce. Na Biyar ne ba hira ba. Shi ne ya leƙa ta tagar ɗakin cin abincinsa ya hango hayaƙin ƙauyen Ellerhope a kan tudun da ke fuskantarsa, ya ce yana ɓata masa kallo. Aka rushe ƙauyen, aka zuba tumaki a gonakin. Rabin mutanen aka turo su nan ƙasa cikin fadama suka gina Lowgate, sauran suka hau jirgin ruwa zuwa Kanada. Kakannina suna cikin waɗanda suka sauko, haka ma na su Norris.

Wata kakarsu ta can baya ta yi aikin wanki a babban gida tana budurwa, a zamanin na Biyar. Daga nan kowa ya haɗa abin da zai haɗa. A filin wasa yara kan rusuna wa Norris su ce, "Ranka ya daɗe, a ba mu izini mu wuce?" Ba ya tankawa. Yayarsa Thelma ce ke tankawa, kuma da dutse take yi.

Thelma ce ta ƙarasa rainonsa bayan rasuwar mahaifiyarsu. Ba ta yi aure ba. A kicin ɗin makaranta ta yi aiki duk rayuwarta, kuma ba ta taɓa sa ƙafa a babban gida ba, ko ranar da ake kiran ’ya’yan talakawa shan shayi sau ɗaya a shekara. Ita ce ke jan gaba kowace shekara bayan an gama yankan ciyawa, ranar Lahadin da muke hawa kufan Ellerhope da burodi da shayi, kowane gida ya zauna a kan dutsen murhun kakanninsa.

Norris ya bar makaranta ya shiga aikin fasa dutse a ramin da ke bayan tudu. Ya yi aure, ba a daɗe ba matar ta koma garinsu, bai sake ba. Shi ya ci gaba da zama a gidan iyayensu, Thelma kuma ta koma tsallaken titi, gidan wata gwaggonsu da ta yi jinya har ta rasu. Ya haura shekara arba'in da biyar aka rufe ramin dutsen. Mutumin da ya saba fita da asuba ya koma zaman bakin taga. Wani lokaci ya yi wa wannan gyaran magudana, ya yi wa wancan faskare, shi ke nan.

A lokacin sarauta tana hannun na Goma Sha Ɗaya, siririn mutum mai kunya, marar ɗa, wanda ke yawo da rigar sanyi mai huji a gwiwar hannu. Ya gaji gida mai yoyo ta ko'ina, sai ya buɗe shi ga ’yan kallo. Ni ma can na samu aiki, ina sayar da shayi da kek a tsohuwar bargar dawaki da aka gyara. Wata rana Duke ya tarar da Norris yana kwashe lakar magudana a bakin ƙofar shiga. Ya wuce, ya dawo.

"Kai Kearton ne, ko?"

"E, ranka ya daɗe."

"Don Allah ɗan juya min gefe." Norris ya juya. Duke ya ce, "Ikon Allah."

Da yamma Norris ya ba ni labari ta kan bango. Ya ce, "Glenys, aiki ne kawai. In sa riga in zagaya da baƙi. Daga bikin Ista zuwa shigowar sanyi."

Na ce, "Ka gaya wa Thelma?"

"Za ta ji."

A kanti ta ji. Ta tsallako titi da rigar kicin a jikinta, ba ta ko ƙwanƙwasa ba. Ta bango nake jin komai.

"Rigar wa za ka sa?"

"Riga ce kawai, Thelma."

"Na ce rigar wa? Shekara nawa na yi ina jifan ’ya’yan mutane a kanka, yanzu kai da kanka za ka je ka tsaya ƙarƙashin hoton ka ce musu gaskiya suka faɗa?"

"To in zauna in yi ta kallon taga har in mutu?"

Ta fita ta bar ƙofar a buɗe.

Abin da ba wanda ya zata shi ne Norris zai iya. Aka ɗinka masa jar riga mai maɓallan tagulla irin ta na Biyar a hoton, aka ba shi farin gashin aro da sanda mai kan azurfa. Yakan tsaya shiru ƙarƙashin hoton har baƙi su taru, sannan ya sauko musu a hankali. Mata kan yi ihu. Shekarar farko yana in'ina, yana mance wane Duke ne ya auri wace. A ta biyu kuwa bakinsa ya buɗe. Mutumin da ba ya iya haɗa magana uku a kanti ya koma yana tsokanar tsofaffin mata, yana kwatanta yadda na Bakwai ya gudu Faransa da matar mai lambunsa, yana sa mutum hamsin dariya a lokaci ɗaya. Aka buga hotonsa a kati ana sayarwa a teburina. Har tafiyarsa ta canza, ko ya tuɓe rigar.

Akwai wani barkwanci da shi ya ƙirƙiro da kansa. Idan sun iso ɗakin cin abinci sai ya nuna taga da sanda ya ce, "Ku dubi tudun can. Da akwai wani ƙauye a kansa, hayaƙinsu na shigar min miya. Na ce a kwashe min su. To ku faɗi gaskiya, yanzu bai fi kyau ba?" Nan aka fi yin dariya.

A mashayar ƙauye ma abin ya zama wasa. Cyril mai mashayar kan ce, "Ranka ya daɗe, yau wane ƙauye aka kora?" Norris ya ɗaga hanci ya ce, "Naka ne na gobe, in ba ka cika min kofin nan ba." Ya daina hawa Ellerhope tare da mu, wai Lahadi ce ranar da baƙi suka fi yawa. Thelma na gaishe shi in sun haɗu, gaisuwa kawai.

A shekara ta huɗu wata babbar mota ta zo da baƙi daga Kanada, jikokin waɗanda suka hau jirgin ruwa. Fastonmu ya san da zuwansu, ya shirya Thelma da wasu dattawa su tarbe su da shayi bayan sun zaga gidan. Ana gyaran zauren coci a lokacin, sai aka ce a yi a wurina. Thelma ta yarda, ta ce barga ba babban gida ba ce. Kowa ya ɗauka wani ya gaya wa Norris ko su wane ne. Ba wanda ya gaya masa. Ya ji irin maganarsu ya ɗauka Amurkawa ne, waɗanda ya fi jin daɗin yi wa wasa.

Ina ratsa ɗakin cin abincin da tire a hannuna, zan kai wa masu gadin ɗakuna shayi, lokacin da ya ɗaga sandar. Na so in yi masa alama, bai dube ni ba. Ya faɗi barkwancin nasa tun daga farko har ƙarshe, har da kashe ido.

Ba wanda ya yi dariya. Duk suka juya suna kallon tudun ta taga. Wata mata ta sa hannu ta rufe baki. Norris ya tsaya da sanda a sama yana jira.

Wani tsoho mai dogara sanduna biyu ya matso gaba. Muryarsa a sanyaye take, babu faɗa a ciki. Ya ce, "Wane gida ne ya fi hayaƙi, ranka ya daɗe? Kakana ya ce namu yana kusa da rijiya. Sunana Elwood Kearton."

Na ga jini ya bar fuskar Norris, sannan ya dawo gaba ɗaya har kunnuwansa. Ya sauke sandar.

Tsohon ya ji tausayinsa. Ya dafa masa hannu ya ce, "Kada ka damu, ɗana, mun san wasa ne, aikinka kake yi. Kuma ka iya. Ya sunanka na gaskiya?"

Norris ya ce, "Wilson."

"Ɗan nan ne kai?"

"A'a. Daga Leeds nake."

Ya ƙarasa zagayen da murya a bushe, yana karanto shekaru kamar ɗan makaranta. Ni kuma na koma barga ina zuba shayi.

Ɗakin da yake tuɓe kaya yana bayan wurin shayin, kuma ba wata ƙofa sai ta cikinsa. Ya jinkirta iya jinkirtawa, yana zaton sun tafi. Da ya turo ƙofa sai ya ga wurin cike, ga Thelma zaune kusa da tsohon, ta riƙe hannunsa da hannuwanta biyu tana dariya, irin dariyar da na manta tana da ita.

Tsohon ya ce, "Ga Duke ɗinmu! Zo ka sha shayi, Mista Wilson. Wannan ’yar'uwata ce, yau na same ta."

Thelma ta dubi Norris tun daga gashin aro har takalmi. Ya tsaya jikin ƙofa, bai shigo ba, bai fita ba.

Elwood ya juya gare ta ya ci gaba da hirarsu. Ya ce, "To a wannan ɓangaren wa ya rage cikin zuriyarmu? Babu namiji ko ɗaya?"

Ta ce, "Babu. Ni kaɗai na rage."

Mu ’yan Lowgate da ke wurin, da fasto, da Cyril da ya kawo kujeru, kowa ya sunkuyar da kai yana kallon kofinsa. Tsohon ya girgiza kai ya ce abin tausayi. Can sai ya zaro kyamara daga jaka ya ce yana son hoto da Duke, ya nuna wa jikokinsa cewa ya yi ido biyu da shi ya kuma dawo lafiya. Mutanensa suka yi dariya, karo na farko. Ya miƙa wa Thelma kyamarar. Ta tashi, ta saita su, ta ce, "Mista Wilson, ɗago kanka, ba a ganin fuskarka." Ya ɗago. Ta ɗauka.

Bayan sun watse na same shi a ɗakin baya, zaune kan akwati, gashin aron a cinyarsa. Na ajiye masa shayi, bai taɓa ba.

Ya ce, "Kin ji abin da na ce?"

"Na ji."

"Wilson. Daga ina ma na samo shi? Ban san wani Wilson ba."

Ya bi ta gonaki ya koma gida don kada ya ratsa ƙauye. Washegari aka ɗauki Elwood a bayan tarakta aka hau da shi Ellerhope, Thelma ta nuna masa rijiyar da dutsen murhunsu. Labulen Norris a rufe yake duk yinin.

Bai bar aikin nan take ba. Ya yi wa Duke alkawarin kaiwa shigowar sanyi, kuma ya kai. Amma ya daina barkwancin tagar, ya daina sauran ma, har baƙi suka fara cewa an zuzuta musu shi a banza. Ranar da aka rufe gidan ya ninke rigar ya ajiye a kan teburina. Duke da kansa ya sauko barga, don labarin ya riga ya kai masa.

Ya ce, "Kearton, ko na ƙara maka wani abu za ka zauna?"

"A'a, ranka ya daɗe. Na gode."

Duke ya yi ta murza hular hannunsa, fuskarsa ja. Ya ce, "Ni ma ina yin dariya duk lokacin da ka faɗi barkwancin tagar nan. Nakan laɓe bayan ƙofa in saurara." Sai ya ƙara da cewa, "Ban taɓa hawa Ellerhope ba, ka sani." Suka tsaya kowa na kallon ƙasa, har na rasa inda zan sa kaina na shiga wanke kofunan da na riga na wanke.

Daga nan Norris ya koma gyaran katangun dutse na makiyaya a can saman tuddai, inda ba ya haɗuwa da kowa sai tumaki. Ya bar gemu. Ya daina zuwa mashaya, sayayya ma sai ya hau mota ya je garin gaba. Ba wanda ya sake ce masa ranka ya daɗe. Ya gaya min wannan ya fi masa ciwo, don da ana tsokanarsa da ya san an yafe. Amma mu ma ba mu da bakin tsokana. Ƙauye guda muka zauna muna ji aka ce babu shi, kuma mu ne muka shekara huɗu muna tafa masa. Thelma in ta hango shi sai ta tsallaka ɗaya gefen titin. Haka aka yi shekaru, ƙofa na kallon ƙofa.

Na Goma Sha Ɗaya ya rasu ba magaji. Aka yi ta bin dangi har aka gano wani jikan ƙanen na Takwas, likitan haƙori a New Zealand, aka ce shi ne na Goma Sha Biyu. A hunturun shekarar Norris ya zame daga kan katanga ya karya ƙugu. Da aka sallamo shi daga asibiti ni nake kai masa abinci. Wata rana na tarar da wata shuɗiyar tukunya a bakin ƙofarsa, na kuwa san mai ita. Bayan ɗan lokaci Thelma ta fara shiga da kanta, ta yi shara, ta hura wuta, ba ta ce masa uffan. In magana ta kama sai ta yi da karensa, wani tsohon karen kiwo mai suna Moss. "Moss, gaya wa maigidanka ya sha magani." Shi kuma ya ce, "Moss, ka ce mata na sha."

Sabon Duke mutum ne mai fara'a da ƙarar murya, bai san komai na kwarin ba. Ya ci karo da tsofaffin katunan a wani kwali ya tambayi inda mai hoton yake. Wata Asabar da rana ina share ƙofar gidana sai ga motarsa. Norris ya hango ta taga, na ji ƙarar sandarsa yana jan ƙafa zuwa kicin ɗin baya. Thelma ce ta buɗe.

Duke ya ɗaga katin yana dariya. "Nan ne gidan na Biyar? Ni ne na Sha Biyu, na zo gaida kakana! Ina so ya dawo bakin aiki, an ce ba a taɓa yin kamarsa ba."

Thelma ta ce, "Nan gidan Kearton ne. Ƙanena ba ya jin daɗi, kuma ya daina wannan wasan."

"Ko minti biyu? In gan shi kawai?"

"In aikin na Biyar kake son gani, ga tudu can. Ka sa takalmin kirki, akwai laka." Ta rufe ƙofa.

Ya juyo ya dube ni, na ce masa barka da rana. An ce ya hau daga baya, shi da matarsa, ban dai gani da idona ba.

Da na shiga da yamma Thelma ta tafi. Norris na zaune bakin wuta. Ya ce, "Glenys, ƙanena ta ce, ko kunnena ne?" Na ce ba kunnensa ba ne. Ya daɗe yana shafa kan karen. Ban ga ya yi murna ba. Ya ce ya sa fasto ya bincika masa Elwood, aka ce ya rasu tun shekarar da ta biyo bayan zuwansu. "Kin ga mutum ya tsallako teku da sanduna biyu yana neman nasa, na tsaya gabansa na ce ban san shi ba. Yanzu hoton na can a bangon wani gida, ana nuna wa yara ana cewa wani ɗan wasa ne daga Leeds." Na ce ai ’ya’yansa na nan, ana iya gaya musu. Ya ce, "In ce musu me?"

Bai sake tafiya ba tare da sanda ba. Shi da Thelma sun koma magana kai tsaye, yawanci a kan gawayi da ciwon ƙafa da wanda ya mutu a ƙauye. Ban taɓa jin ɗayansu ya ɗauko zancen ranar ba. Ya rasu bayan hunturu uku, da safe, a kujerarsa, rediyo na ba da labarin yanayi. Mutane sun cika coci, har da makiyayan saman tudu da ba mu san ya saba da su ba. Thelma ta ce ba za ta iya da gashin kare a gidanta ba, saboda haka Moss ya dawo wurina, ya yi shekara guda yana kwana jikin bangon da ya raba gidajen namu kafin shi ma ya tafi.